Mastura Mai Riƙe Bakin Sari

Duk wanda ya zauna a Nuzla, can kudancin Jidda, a shekarun da ake rushe ɗakunan kwano ana ɗora bulo, ya san Mastura mai wanki. Doguwa ce, siririya, tana tafiya a hankali, kuma ba ta cika magana ba. In ka gaishe ta sai ta ɗan jima kafin ta amsa. Ba girman kai ba ne, hankalinta ne yake yin nisa, sai ta kirawo shi tukuna. Matan unguwa suna mata tsiya, suna cewa Mastura a tsaye take yin mafarkinta don kada tabarma ta tsufa.

A Jidda aka haife ta. Iyayenta daga wani ƙauye na ƙasar Haɗeja suka taso da ƙafa, suka yi shekaru a hanya suna tsinkar auduga a Sudan suna tara guzuri, har suka ƙetare teku suka sauke farali, daga nan kuma komawa ta gagara. Abin da ta gada wurin uwarta bai wuce Hausa a baki ba, da ɗaurin zane, da labarin damina. Uwar takan zaunar da ita ta ba ta labarin yadda hadari ke haɗowa daga gabas, ƙasa ta ɗauki ƙamshi, gero ya tashi ya fi mutum tsawo. Ita kuwa Mastura a garin da ruwan sama ke leƙowa ya cika lunguna da taɓo ya wuce ta girma, ba ta taɓa ganin kore mai faɗi da idonta ba. Ta auri Bawa, ɗan dako a tashar jiragen ruwa, suka zauna lafiya. Allah bai ba su haihuwa ba, kuma zazzaɓin wata shekara ya ɗauke shi tana da sauran ƙuruciyarta. Ba ta sake aure ba. Ta ɗauki dutsen guga na gawayi ta shiga gidajen cikin gari neman wanki.

Gidan da ya riƙe ta har tsufa na wasu Indiyawa ne, a wani dogon bene na tsohon gari kusa da Bab Sharif, irin mai tagogin katakon nan da mace ke leƙen titi ta cikinsu ba a gan ta ba. Maigidan, Abdulghani, yana haɗa magani a wani kanti. Matarsa Zakiya, mutumiyar Haidarabad, ita ce abin kallo. Ta yi karatun jinya a ƙasarsu, tana karɓar haihuwa a wani asibitin mata, a zamanin da matan da ke fita aiki da safe a Jidda ba su taka kara sun karya ba. In za ta fita sai ta naɗa sari, wato dogon ƙyallen nan na matan Indiya da ba ɗinki a jikinsa, ta ɗora farar rigar asibiti a kai, sannan ta lulluɓe duka da baƙar abaya. Mastura takan bi ta da kallo ta ce a ranta, yau ma mata uku sun sauka bene da ƙafa biyu.

Matan Nuzla da suka haihu a hannunta sun ce a asibiti Zakiya ba ta da wasa. Tana tsawata wa mazaje ta kora su waje, ta soka allura ko ƙifta ido ba ta yi. Amma da ta dawo gida ta rataye farar rigar a ƙusa, sai ta durƙusa gaban dutsen niƙan da ta taho da shi a jirgin ruwa, ta niƙa kayan yaji da hannunta. Ba za ta kai loma baki ba sai mijin ya ci, kuma ba a taɓa jin sunansa a bakinta ba, sai dai baban Sharifa. Wannan na ƙarshen ne ya fara sa Mastura ta saki jiki da ita, don ita ma har Bawa ya koma ga Allah ba ta taɓa kiran sunansa ba. Ta taɓa tambayarta ko ba ta gajiya da wannan zirga-zirga tsakanin allura da dutsen niƙa. Zakiya ta yi dariya ta ce wani lokaci tana gajiya, amma duk wanda ta ajiye a cikinsu sai ta ji kamar ta fita ba takalmi, don haka take jan su duka biyun.

Shi aikin sari ba na mutum ɗaya ba ne. Na audugar ana wanke shi, a tsoma shi a ruwan da aka tace daga dafaffiyar shinkafa don ya sha sitaci, sannan mutum biyu su hau saman bene, kowa ya kama baki ɗaya, su ja da baya har ya miƙe, su girgiza, su ja, har zaren ya daidaita. In ya sha iska sai su tako suna nufar juna, hannu ya haɗu da hannu, a ninke, a sake ja da baya. Ranar da Zakiya ba ta da asibiti, tun da sanyin safiya suke hawa. Iskar teku takan shiga ƙarƙashin sarin ta kumbura shi tsakaninsu, jiragen ruwa suna kuka can nesa, su kuwa suna hira da Larabcin kasuwa, kowace da irin karkacewar harshenta. Zakiya ta ba da labarin ruwan ƙasarsu da ke yin kwana da kwanaki yana zuba har kwaɗi su shigo madafa. Mastura ta rama da daminar uwarta, wadda ba ta taɓa gani ba amma ta fi mai gani iya faɗa. Haka za su yi ta yi har rana ta fara cizo su sauko.

Gaskiyar magana, wannan safiyar ce duk abin da Mastura ta mallaka a duniya. Ɗakinta na Nuzla shiru ne, daga ita sai randa da tabarma. A saman benen nan kaɗai take da wadda in ta ja za ta ji an ja daga can ɓangaren. Tsoronta ɗaya, kada wata rana ta hau a ce mata an sami wata mai riƙewa.

Sau ɗaya a shekara kuma, bayan alhazai sun watse gari ya yi sauƙi, Zakiya takan buɗe akwatin ƙarfe ta fito da wani sari da ba a wanke shi, ba a kuma sa masa sitaci. Na alharini ne, kore shar, gefensa zaren zinari, a bakinsa guda an saƙa 'ya'yan mangwaro ƙanana jere da juna. Na kakarta ne, ya zo hannun uwarta, uwar ta ba ta ranar da za ta bar gida. Sukan buɗe shi a inuwa ya sha iska, su sake ninke shi a kan sabon layi don kada tsohon ninki ya cinye zaren, su zuba busasshen ganyen darbejiya da kanumfari a tsakani. In suka ɗaga shi hasken safiya ya ratsa, sai daɓen ya zama kore, hannuwan Mastura su zama kore. A nan take tafiya. Sai ta ga gonar da uwarta ke faɗa, gero yana kaɗawa, hadari ya yi baƙi a gabas, har takan ji sanyin ɗigon farko a goshinta. Sai Zakiya ta ɗan ja bakin sarin, sannan ta dawo Jidda. Kowace shekara kuma Zakiya sai ta faɗa, kamar mai tuna wa kanta, cewa na Sharifa ne ranar da za ta bar gida.

Sharifa ita ce 'yarsu tilo, haihuwar Jidda. Tana cikin 'yan matan da suka fara cika ajin makarantun mata da aka buɗe, Larabcinta ya fi yaren iyayenta gudu, rigunanta ɗinkakku ne irin na kanti, kullum da agogo a hannu da littafi a hammata. Tana kiran Mastura Khala, wato gwaggo ta wajen uwa, don a bayanta ta yi rabin ƙuruciyarta. Wajen ƙarshen shekarun sittin ta sami gurbin karatun likita a Bombay. Uwar ce ta tsaya kai da fata har uban ya yarda 'ya mace ta hau jirgin sama ita kaɗai. Abu ɗaya kawai Zakiya ta nema a madadin wannan gwagwarmaya, yarinyar ta tafi da koren sarin.

A saman benen aka yi maganar, sarin yana buɗe tsakanin Zakiya da Mastura. Sharifa ta dube shi ta yamutsa fuska.

"Ammi, likita zan je in zama, ba amarya ba. Ina zan kai wannan nauyi? Ko tafiya ban iya yi a cikinsa ba, ga shi sai warin akwati."

Zakiya ta tako kamar kullum har hannunta ya haɗu da na Mastura, amma maimakon ta karɓi bakin, sai ta tattara sarin duka ta ɗora mata a hannu.

"Riƙe, ya ukhti, 'yar'uwata. Na ba ki. Ke kin san darajarsa."

Duk mai ido a wurin ya san wannan kyauta don kunnen 'yar aka yi ta, kuma ajiya ce aka ba wadda aka amince da ita har fushi ya huce. To amma Mastura a lokacin tana can cikin gero, kalmar kyauta kaɗai ta iso ta. Ta sauko bene ƙafafunta ba sa jin matakala. Tunda take, ba wanda ya taɓa ba ta abin da ya kai wannan.

Uwarta kuwa ta koya mata abu guda game da kyautar tufa: ba a binne ta a akwati. Ɗinkawa ake yi, a sa, a taka har ƙofar wanda ya bayar ya gan ta a jikinka, in ba haka ba ka raina kyautar. Naɗa shi irin na Indiyawa a tsakiyar Nuzla kuwa, ai sai ta zama abin hira har wata sallar. Shekara da shekaru tana riƙe bakin sari, amma ba wanda ya taɓa zaunar da ita ya ce mata irin wannan na gado almakashi ba ya kusantarsa. A ganinta yadi ne mai kyau da bai riga ya je wurin tela ba.

Ta kai wa Luba, maƙwabciyarta, Bahaushiyar Sudan mai keken ɗinki. Luba ta shafa alharinin da bayan hannu, ta auna shi daga hanci zuwa yatsa, ta ce rabin turmi ne har da ɗoriya, zai ba da zane da riga, bakin nan mai mangwaro kuma a bar shi gyale. Ta ɗauki almakashi, ta tsaya, ta dubi Mastura ta tambaye ta ko ta tabbata. Mastura ta ce ta tabbata mana, so take matar nan ta ga an girmama ta. Almakashin ya shiga da wani ɗan sauti mai laushi, ya wuce.

Ranar Juma'a da safe ta yi wanka ta sa. Matan lungu suka fito, wata ta rangaɗa guɗa, wata ta ce ashe Mastura mace ce ba a sani ba. Ta rufa da baƙin mayafi ta hau motar cikin gari, zuciyarta fari ƙal. Sai da ta kai saman matakala ta sauke mayafin, ta yi sallama, ta tsaya a bakin ƙofa tana murmushi kamar yarinya ranar sallah.

Zakiya tana durƙushe gaban dutsen niƙa. Hannunta ya tsaya. Idonta ya bi zanen, ya hau rigar, ya tsaya a wuyan, daidai inda aka zagaye aka cire. Fuskarta ta yi fari.

"Kin yanka," in ji ta, da ƙyar ake jin muryar. "Kakata ta sa shi, uwata ta sa shi, ni na sa shi. Ko allura ba ta taɓa shiga jikinsa ba."

Ta tashi ta shige ɗaki ta ja ƙofa. Sharifa ce ta fito daga baya, idonta a ƙasa, ta ce Khala ta je gida tukuna, wannan makon ba wanki. Mastura ta ja baƙin mayafin ta rufe koren duka. Matakalar da ta hau a guje, da dafa bango ta sauke ta.

Makon ya wuce, wani ya bi bayansa, ba aike. Mastura ta zauna a ɗaki tana jin kunyar da ba ta taɓa ji ba, da baƙin cikin da ya fi kunyar. Ba aikin take kuka ba, gidajen wanki suna da yawa a Jidda. Hannuwanta ne suke tashi da asuba suna neman abin ja. Ko mafarkin tsayen ma ya ƙaurace mata, in ta rufe ido ba gero ba hadari, sai wuyan riga. Ta tambayi Luba ko za a iya mayar da shi yadda yake. Luba ta ce zane da gyale za su haɗu da ɗinki, amma abin da aka zagaye aka cire ya tafi ke nan, khalas, an gama.

Da ta ji a bakin wata mai aikin asibiti cewa gobe Sharifa za ta tashi, sai ta tsinko ganyen darbejiya, ta ninke zane da riga da gyale kowanne daban, ta ƙulle a farin ƙyalle, ta kama hanya da sassafe. Ba kowa a tsakar gidan, sai ta hau sama. Can ta tarar da su, uwa da 'ya, da jiƙaƙƙen sarin auduga a tsakaninsu. Sharifa ce riƙe da ɗaya bakin, tana ja a karkace, gefe yana jan ƙasa. Ga abin da Mastura take tsoro nan ta gani da idonta. Ta ajiye ƙullin, ta durƙusa.

"Sitti, a wurinmu in an ba ka tufa, sawa ake yi a zo a nuna. Girmama ki na yi niyya, ban san ɓarna nake yi ba. Ga shi na dawo da shi. Ki yafe ni."

Zakiya ta kau da kai wajen teku. Sharifa ce ta rataye bakin sarin a igiya, ta zo ta kwance ƙullin. Ta ɗaga zanen ta ajiye, ta ɗaga rigar ta ajiye. Da ta zo kan gyalen sai ta tsaya. Ba shi da nauyi yanzu, tsawonsa bai fi a yafa ba, ga 'ya'yan mangwaron suna ƙyalli a gefe. Ta juya shi a hannu, kamar yau ta fara ganinsa, sannan ta ɗora a kanta ta sako shi a kafaɗa, a kan rigarta ta kanti.

"Ammi, wannan zai shiga jakata," in ji ta a hankali. "Zai kuma zauna a kan farar riga."

Zakiya ta juyo. Ta daɗe tana kallon 'yarta, hasken safiya ya ratso gyalen ya zuba kore a kumatun yarinyar. Sai hawaye. Ta matso, ta cire shi daga kafaɗar dama ta mayar hagu, inda bakin sari ke sauka, ta gyara ninkin da yatsu, tana cewa ko yafa gyale ma sai an koya wa likita. Daga nan ta sunkuya ta ɗauki rigar ta ce wannan ita za ta ajiye, don ta riƙa ganin aika-aikar da aka yi mata. Zanen kuwa ta tura shi gaban Mastura da hannu, ta ce abin da ta bayar ta bayar. Sannan ta zare jiƙaƙƙen bakin sarin daga igiya ta miƙa mata.

"Yalla, tashi. Sitacin yana bushewa."

Mastura ta tashi ta kama. Ta ja da baya, ta ji an ja daga can, sai ta yi ta kuka tana ja, ba ta da hannun share hawaye.

Ba za a ce ciwon ya warke sarai ba. Duk shekara in alhazai suka watse, Zakiya takan yi kwana biyu ba ta da walwala, Mastura kuma takan yi aikinta ba ta ɗaga ido. Amma a kan rediyon falo akwai hoton Sharifa cikin farar rigar likita, da gyalen a kafaɗar hagu, kuma duk baƙuwar da ta shigo sai an nuna mata.

A shekarun saba'in suka tashi daga tsohon gari suka koma wani sabon gini a Aziziyya, inda saman bene na kowa da kowa ne, cike da tankunan ruwa. Abdulghani ya sayo injin wanki. Zakiya ta koma sa sarin nailan da ba ya son sitaci ba ya son guga, don ya fi sauƙi ga mai sammakon asibiti. Amma ta bar na auduga guda biyu, ta ce wai sun fi sanyi. A siririn lungun da ke tsakanin madafa da falo suke ja, ɗaya a wannan ƙofa ɗaya a waccan, ba iskar teku ba kukan jirgi, suna dai ba juna labarin ruwan sama. Mastura ta lura Zakiya ba ta ma cika sa su ba, wankewa kawai ake yi. Ta gane dalili, ba ta kuwa taɓa faɗa ba.

Da tsufa ya kama Abdulghani ya ajiye aiki, iƙamarsu, wato takardar izinin zama, ta ƙare, suka tattara suka koma Haidarabad, har da dutsen niƙan. Mastura ta raka su tashar jirgi, ta dawo Nuzla, ba ta sake karɓar wankin kowa ba.

Koren zanen yana nan a akwatinta, ba ta ƙara ɗaura shi ba. Duk shekara in gari ya yi sauƙi takan fito da shi da safe, ta kakkaɓe tsohon ganyen darbejiya, ta leƙa ta kan katanga ta kira Luba ta zo ta riƙe mata. Luba takan fito tana mita, tana cewa Yaya Mastura wannan ɗan zanen ko mai hannu ɗaya ai ya ninke shi. Mastura ba ta amsawa. Takan miƙa mata baki ɗaya, ta ja da baya iyakar inda zanen ya kai, ta ɗaga shi saitin rana, ta ce mata ta ɗan ja.